Allon da Ba Ya Wankuwa

Ruwa ya bi ta kan rubutun, ya gangara cikin ƙwarya garau kamar yanzu aka ɗebo shi daga randa.

Hamdiyya ta sake karkata butar, karo na uku ke nan. Tana tsugune a bayan rumbun gidansu na Bebeji, inda ba mai ganin ta sai kaji, allon yana jingine a gwiwarta, tana goga baƙaƙen da tafin hannu har fatar ta yi zafi. Ko ɗigo ɗaya bai gusa ba. Rubutun mahaifinta, marigayi Malam Labaran, yana nan daram, sai ma ƙyalli yake yi a cikin ranar hantsi. Ba ta buƙatar a gaya mata dalili, tunda ita ce ta jawo da hannunta.

"Wai har yanzu?"

Yayanta Mujitaba ne ya leƙo, makullin mota a hannu, gumi ya jiƙa masa bayan riga. Ya dubi ƙwaryar, ya dubi allon, ya kai yatsa ya shafa. Nan take fuskarsa ta canza.

"Me kika sa masa?"

"Man sheƙi," in ji ta, ba ta ɗago ba. "Irin wanda kafintoci suke fesa wa kujeru. Sau uku na fesa."

"La'ilaha illallahu! Hamdiyya, allon rubutun sha kika mayar kujera?"

"Yaya, don Allah rage murya."

Ya rage, amma raɗar tasa ta fi ihun zafi. "Kin san ƙarfe nawa? Sha ɗaya saura. Likita ya ce in la'asar ta yi ba mu kai Inna asibiti ba, gadon ya zama na wani, mu kuma sai bayan wata biyu. Ke da idonki, kin ga cikin nan nata zai kai wata biyu?"

Ba zai kai ba, kuma dukansu sun sani. Mahaifiyarsu, Inna Tasalla, ƙari ne ya fito mata a ciki tun kaka, yanzu ga shi bazara ta yi nisa, ko koko ba ya zama. Gobe da safe za a yi mata aiki a Kano. An ɗaure tabarma, an cika filas, an zuba wa mota mai. Sai jiya da yamma tsohuwar ta buɗe baki ta ce ita ba za ta sa ƙafa a mota ba sai ta sha rubutun Malam, a kira Auta ta kawo allon da ta ara. Wanda ya san Inna Tasalla ya san ba ta faɗin magana sau biyu.

In ka tambayi mutanen Bebeji sana'ar Hamdiyya, kowa da amsarsa. Wasu su ce mai zane ce, wasu su ce rini take yi, wasu su ce hoto. Goggo Furera, ƙanwar Malam, ta taƙaice: "Tsince-tsince take yi, gwamnati na biyan ta." Gwamnati dai ba ta biyan ta ko sisi, amma batun tsince-tsince gaskiya ne. Ta yi shekaru tana bin ƙauyuka daga Kiru zuwa Tudun Wada har Doguwa, tana karɓar tsofaffin allunan da aka jingine a soraye, tana naɗar sautin daka da na zikirin tsofaffi, tana rina farin yadi da taɓon bakin tafkin Bagauda. Abin da take nema a ciki ɗaya ne: me mutum yake bari a jikin abin da ya daɗe yana taɓawa? Da Malam ya rasu, shekara uku da suka wuce, tambayar ta daina zama ta aiki, ta zama tata.

Bayan sadakar arba'in ta roƙi Inna aron kayansa: kurtun tawada, alƙaluma, buzun salla. A ƙarƙashin katifar Inna ta ga wani allo naɗe da farin ƙyalle, cike da ayoyin waraka, ba a wanke shi ba. Ta ce har da wannan. Inna ta shafa ƙyallen, sannan ta ce, "Ki dawo mini da shi yadda yake." Shi ke nan abin da ta faɗa. Macen da ta shekara arba'in da biyu ba ta taɓa kiran sunan mijinta ba, wadda har yau ba ta kiran sunan ɗanta na fari, Mujitaba, ita ce za ta zauna ta gaya wa autarta abin da miji ya raɗa mata? Sai jiya Goggo Furera ta fasa maganar a waya. Ashe saura mako guda ya rasu Malam ya rubuta shi, hannunsa na rawa, ya miƙa wa Inna ya ce, "Wannan naki ne. Ki ajiye sai ranar da kika ji tsoro."

Allon nan shi ne ya zama zuciyar baje kolin Hamdiyya, a Kano da farko, sannan a Legas. Ta rataye shi a tsakiyar ɗaki, rinannun yadika a kewaye, sautin alƙalamin Malam yana kartar katako a cikin lasifika, da ɗan tarinsa jefi-jefi. Mutane sun tsaya gabansa sun yi kuka. To, amma iskar Legas jiƙa gare ta. Tawadar ta fara danƙo, rannan wata baƙuwa ta kai yatsa ta goge wutsiyar wani harafi. Hamdiyya ta kwana uku ba ta ci abincin kirki ba, ta ga kamar mahaifinta ne ake gogewa kaɗan-kaɗan. A rana ta huɗu ta sayo gwangwanin man sheƙi. Abin haushin shi ne, ita ce take tsayawa gaban baƙi tana yi musu bayani tiryan-tiryan cewa irin wannan rubutu ba don a kalla ake yin sa ba, wankewa ake yi a sha. Ta faɗa ya fi sau ɗari, bai taɓa faɗo mata a rai ta tambayi wa aka rubuta wa wannan ba.

"A kankare," in ji Mujitaba. "Kawo reza."

"Tawadar za ta biyo man. Kuma guba ne, ba za ta sha wannan ba."

"To ki zuba tawada a ruwa ki kai mata. Inna da yanar ido, me za ta gani?"

"Ta ce a gabanta za a wanke. Goggo ce za ta wanke."

Mujitaba ya dafe kai. Daga tsakar gida muryar Goggo Furera ta taso: "Ina 'yar birnin nan ta shige ne? Ko allon ma sai an yi masa hoto kafin a sha?"

"Alwala take yi, Goggo!" Mujitaba ya amsa. Ya juyo ga ƙanwarsa. "Ki je ki gaya mata gaskiya."

"In na gaya mata, za ta shiga motar?"

Kaza ta zo ta sa baki a ƙwaryar, ya kore ta da ƙafa.

Hamdiyya ta daɗe tana kallon allon. Dabarar da ta zo mata ba ta yi mata daɗi ba tun daga zuwanta, amma ba ta da wata. Tun tana 'yar shekara bakwai take zama kusa da Malam a soro tana kwaikwayon hannunsa, har ya kai almajiransa manya ba sa bambance rubutunta da nasa.

"Yaya, ɗauko mini jakata a mota. Ka tare mini Goggo na minti ashirin."

"Me za ki yi?"

"Zan bi ta kan nasa."

Ya gane. Ya tafi ya kawo jakar.

Ta yi alwalar da aka riga aka yi mata ƙarya da ita. Ta goge allon ya bushe, ta buɗe kwalbar tawadarta, wadda take dafawa da kanta da gawayi da ƙaro, yadda ta ga ana yi a gidan nan. Ta fiƙe alƙalamin kara, ta yi bisimilla, ta ɗora a kan harafin farko. Tawadar ta ƙi zama. Ta dunƙule ta zama ɗigo-ɗigo a kan santsin man, ta gangara. Ta zazzage jakar a ƙasa, ta samo ƙullin garin ƙaro, ta zuba, ta gauraya, ta gwada. Ta ƙara, ta sake ƙarawa, har tawadar ta yi kauri tana jan zare. Sannan ta kama.

Shekara uku tana kallon allon nan, ta ɗauke shi hoto ta kowace kusurwa, ta yi magana a kansa a gaban manyan mutane. Ashe ba ta san shi ba. Sai yau da alƙalaminta yake taka sawun nasa ta gane inda hannun ya kauce ya dawo, inda ya tsaya tsakiyar kalma, ƙila tari ne ya sarƙe shi, inda ya dangwalo tawada sau biyu a harafi ɗaya don ƙarfin dannawa ya ƙare masa. A layin farko baƙaƙen a tsaye suke kamar na da. A layi na bakwai sun fara kwanciya. A na ƙarshe kuwa ja kawai yake yi, amma bai tsallake ko wasali ɗaya ba. Mutumin da ba ya iya riƙe cokali ya zauna ya cika allo saboda matarsa za ta ji tsoro wata rana, shi kuma ba ya nan. Hamdiyya ta ji kunya irin wadda ba ta taɓa ji ba. Hawaye ya zo mata, ta kau da kai gefe don kada ya ɗiga a kan aikin.

Ranar bazara ba ta ɓata lokaci, kafin ta rufe kwalba rubutun ya bushe. Ƙyallin ya dushe a ƙarƙashin sabuwar tawada. Ta naɗe shi a farin ƙyallensa, ta miƙe.

Ɗakin Inna cike yake da warin man zafi da turaren wuta. Tsohuwar tana zaune a bakin gado, an tokare ta da matashi, ta rame har zoben azurfarta yana yawo a yatsa. Goggo Furera ta shimfiɗa buzu, ta ajiye sabuwar ƙwarya. Maƙwabta biyu da suka zo sallama suna zaune a bakin ƙofa.

"Sannu, Inna. Ya ƙarfin jikin?"

"Da sauƙi, Auta. Kin kawo?"

"Ga shi."

"Miƙa wa Furera."

Goggo ta karɓa da hannu biyu, ta kwance ƙyallen, ta yi wa ɗan'uwanta addu'a. Ta tsayar da allon a cikin ƙwaryar, ta zuba ruwa daga sama, ta bi da tafin hannu. Ruwa ya sauko baƙi ƙirin. A bakin ƙofa Mujitaba ya juya makullinsa, ya dubi agogo.

Goggo ta ɗaga allon don ya tsane. Sai ta tsaya. Ta kai shi saitin hasken taga, ta murza ido, ta sake dubawa.

Sai a lokacin Hamdiyya ta tuna abin da duk wayonta bai hango ba. Allon da aka wanke fari yake komawa.

"Allahu Akbar!" Goggo ta ƙwala. "Jama'a, ku zo ku gani! Na wanke shi da hannuna, ga ruwan nan baƙi, ga rubutu kuma yana nan! Ko ɗigo bai tafi ba! Har haske yake yi!"

Maƙwabtan suka yo ciki suna salati. Ɗaya ta fita da gudu ba mayafi. Goggo ta rungume allon tana kuka, tana cewa ita dama ta sani, tun suna yara ta san Yaya ba kamar sauran mutane yake ba, ga shi Allah ya bayyana bawansa. Kafin a ce me, tsakar gida ta fara cika, ana jin takun takalma da tambayar me ya faru. Mujitaba ya dubi Hamdiyya, ita kuma ta dubi ƙasa. Ta san kowace daƙiƙar da ta yi shiru, ƙaryar tana ƙara faɗi, kuma yanzu ba a kan Inna kaɗai take ba, har da mamacin da ba zai iya kare kansa ba.

Inna Tasalla ta gyara zama. Ta miƙa hannu.

"Ba ni ƙwaryar."

Ta karɓa, ta yi bisimilla, ta kurɓa. Ba ta haɗiye nan da nan ba. Ta riƙe ruwan a baki, idanunta masu yana suna kallon bango. Can tsohuwar ta haɗiye, ta sake kurɓa, ta kurɓa na uku, sannan ta kafa kai ta shanye tas. Ragowar laimar ta shafa a fuska da ciki.

"Alhamdu lillahi," in ji ta. "Furera, miƙo allon. Ku ɗan ba ni wuri, zan sa kaya. Auta, ke tsaya ki taimake ni."

Suka fita suna kabbara, Goggo ta saki labule. Inna ta ɗora allon a cinya, ta bi shi da yatsu a hankali, daga sama har ƙasa, gaba da baya.

"A Doguwa aka sassaƙa masa wannan," ta ce. "Shekarar da aka haifi wancan mai motar. Akwai wani ɗan kaushi a nan gefen, kullum yana kama mini zane. Ina ya tafi?"

Hamdiyya ta durƙusa a gabanta.

"Shekara arba'in da biyu ni nake dafa wa Malam tawada. Ni nake daka gawayin, ni nake jiƙa ƙaron, da harshe nake gane ta yi ko ba ta yi ba. Wannan allon ma ni na dafa tawadarsa. Malam ba ya son ƙaro da yawa, ya ce yana riƙe alƙalami." Ta ɗan yi tari. "Wannan da na sha, ai sai a liƙe takalmi da shi."

"Inna, ni ce. Ni na rubuta a kai, yanzu a bayan rumbu. Na shafa masa mai ne a Legas, ya fara gogewa, na ji tsoro kada ya ɓace. Wallahi ban san naki ba ne. Ki yafe mini."

"Ba ki tambaya ba."

"Ban tambaya ba."

"Ni ma ban faɗa ba." A waje ana jin Goggo tana ba sababbin zuwa labari, ya riga ya ƙaru, yanzu har da ƙamshi. "Da alwala kika rubuta?"

"Da alwala."

"Kin tsallake wani abu?"

"Ko wasali ban tsallake ba. Sawunsa na bi."

"Da wace niyya?"

Hamdiyya ta so ta ce da niyyar waraka. Ta duba zuciyarta, ta faɗi abin da ta tarar. "Da farko, niyyar ki shiga mota kawai. Daga tsakiya kuma ban san me ya same ni ba."

Wani abu mai kama da murmushi ya taɓa bakin tsohuwar, ya wuce. Ta sake shafa allon.

"Nasa yana nan a ƙasa?"

"Yana nan, Inna. Ba abin da zai same shi."

"Ko an jiƙa shi?"

"Ko an jiƙa."

"Ko bayan ba ni?"

Hamdiyya ta gyaɗa kai, sannan ta tuna ba a gani, ta ce, "E."

"To kin kyauta masa," in ji Inna. "Ni ce dai ban samu ba."

Ba ta faɗa da faɗa ba, da ma ta yi faɗan da ya fi sauƙi. Hamdiyya ta kifa goshi a gwiwar mahaifiyarta ta yi kukan da ba sauti. Inna ta bar ta kaɗan, sannan ta ɗan buga mata kafaɗa da gefen allon.

"Tashi, kin ji. Ɗauko mini mayafina. Kuma ki riƙe abin nan a hannunki, kada ki bar wa Furera, yanzu sai ta shayar da unguwa ruwan banza. Malam bai taɓa cewa shi wani ne ba, ba za a ɗora masa bayan ransa ba. In mun dawo, ke za ki tara su ki gaya musu da bakinki."

"To, Inna."

"In kuma ke kaɗai kika dawo, duk ɗaya ne, ki gaya musu."

Da suka fito, mata sun kai goma sha biyar a tsakar gida, wasu har da kofuna a ƙarƙashin hijabi. Goggo ta miƙo hannu za ta karɓi allon. Inna ta ce, "Bar wa mai shi," ta wuce tana dogara kafaɗar Hamdiyya. Taku goma ne daga ɗaki zuwa soro, sai da suka huta sau biyu.

Mujitaba ya buɗe ƙofar baya, suka kwantar da ita a jikin matashi. Hamdiyya ta zauna kusa da ita, allon a kan cinya, ta rufe shi da ƙyallen don yana haska mata ido. An fara kiran azahar a masallacin kasuwa. Mujitaba ya tayar da mota, ya dubi ƙanwarsa ta madubi, yana tambayar ta da ido.

Inna ta lalubo hannunta ta riƙe. Tafin tsohuwar sanyi ƙalau, a cikin wannan zafi.

"Inna," Hamdiyya ta ce ƙasa-ƙasa, "har yanzu kina jin tsoron?"

"Ina ji," in ji Inna Tasalla. Ta ɗaga murya kaɗan. "Kai mai mota, mu je."